Ruwan Damina a Titunan Kano: Tambayoyi da Amsoshi kan Rage Malalarsa da Kare Ruwan Sha

Duk shekara, daga watan Yuni zuwa Satumba, mazauna Kano suna ganin yadda ruwan sama na sa'a guda yake mayar da wasu tituna rafi, ya kwashi bola da leda da laka ya yi gaba da su. An fi yin magana a kan gidajen da suka rushe da dukiyar da ta salwanta, amma ba a cika tambayar inda wannan ruwa yake kai kayan da ya ɗauka ba, da kuma wanda zai sha shi daga baya. An ɗauki Kano a matsayin misali a nan saboda girmanta da yawan masana'antunta, sai dai yawancin bayanin ya shafi kowane gari mai tasowa a ƙasar Hausa.

Me ake nufi da malalar ruwan sama, kuma me ya bambanta ta da ambaliya?

Idan ruwan sama ya sauka, yana rabuwa gida uku. Wani ƙasa ta shanye shi ya gangara ya haɗu da ruwan da rijiyoyi suke samu, wani rana da iska da tsirrai su mayar da shi sama, saura kuma ya kwarara a doron ƙasa yana neman gangare. Wannan kaso na ƙarshe shi ne malala. Ambaliya kuwa tana faruwa ne a lokacin da malalar ta fi ƙarfin hanyar da aka tanadar mata, ko kuma aka toshe hanyar. Saboda haka ana iya yin damina guda ba tare da ruwa ya shiga ɗakin kowa ba, amma malalar ta yi wa koguna da rijiyoyi illa mai yawa, domin duk ruwan da ya bi ta kan titi ya ɗauki wani abu ya tafi da shi.

Ruwan sama ai mai tsarki ne. A ina yake samo ƙazanta?

A ƙasa yake samunta, kuma mu ne muke ajiye masa ita. Ruwan da ya sauko daga indararo ya bi ta tsakar gida zai haɗu da kashin awaki da na kaji da ruwan wanke-wanke. Idan ya fita waje zai tarar da juji a bakin lungu, da baƙin man da makanike ya zubar a gefen titi, da ragowar jini da tumbi daga mayanka, da bahayar da aka yi a fili ko aka ƙulle a leda aka jefa cikin kwata. A unguwannin da masai yake cika ya tumbatsa idan ruwa ya yi yawa, abin da ke cikin ramin ma yana fitowa ya bi sahu. Akwai kuma wata mummunar ɗabi'a da duk wanda ya zauna a birni ya sani: da zarar hadari ya haɗu, sai a aiki yara su juye shara a lambatu don ruwa ya tafi da ita, wasu kuma su buɗe bututun banɗakinsu cikin dare.

Baya ga abin da ido yake gani, akwai wanda ba ya ganuwa: ƙwayoyin cuta, da ɓurɓushin tayar mota da na birki da suke taruwa a kan kwalta, da sinadaran takin zamani da maganin feshi daga lambuna, da ƙarafa masu guba irin su dalma daga tsofaffin batura. Ita kanta laka gurɓata ce, domin tana cike madatsun ruwa, tana hana haske shiga cikin kogi, kuma sauran gubar a jikinta suke maƙalewa su yi tafiya mai nisa.

Me ya sa ake cewa ruwan farkon damina ya fi na tsakiyarta haɗari?

Saboda watanni bakwai ko takwas na rani ba a wanke gari ba. Ƙurar hunturu ta kwanta a kan rufin gidaje, shara ta cika magudanai, mai ya bushe a kan tituna, sai ruwan farko ya zo ya kwashe su a lokaci guda ya zuba a rafukan da ruwansu ya ja baya, waɗanda ba su da yawan da zai tsarma ƙazantar. Haka abin yake a cikin kowane ruwa da aka yi: mintunan farko su ne suka fi ɗaukar datti. Wannan ne dalilin da ya sa iyayenmu mata ba sa tara randa a ƙarƙashin indararo sai ruwan ya ɗan jima yana zuba.

Gida ɗaya yana iya tura ruwa mai yawan da za a damu da shi?

Lissafin ba shi da wuya. Milimita ɗaya na ruwan sama a kan murabba'in mita ɗaya lita ɗaya ce. Rufin kwano mai faɗin murabba'in mita 100, idan aka yi ruwa mai zurfin milimita 30, wanda ba baƙon abu ba ne a watan Agusta, zai zubo da lita 3,000, wato jarka 120 irin ta 'yan garuwa mai cin lita 25. Fuloti mai ƙafa 50 da ƙafa 100 ya kai kusan murabba'in mita 465. Idan an rufe shi gaba ɗaya da gini da daɓen siminti, wannan ruwa guda zai sa ya tura kusan lita 14,000 zuwa titi. A ninka wannan da yawan gidajen unguwa ɗaya, sannan a tuna cewa duk suna sakin ruwan ne a cikin rabin sa'a ɗaya.

Akwai wani ƙiyasi da hukumar kare muhalli ta Amurka take yawan amfani da shi, wanda ya nuna cewa a ƙasar da ke da ciyayi da itatuwa kusan kashi 10 cikin 100 ne na ruwan sama yake malala, amma a tsakiyar birnin da gini da kwalta suka rufe, yakan kai kashi 55 cikin 100. Ƙasarmu ba irin tasu ba ce, kuma ruwanmu ya fi saukowa da ƙarfi cikin ɗan lokaci, amma darasin ɗaya ne. Kano tana samun ruwan sama kimanin milimita 800 a shekara, wata shekarar ya haura, wata ya gaza. Abin da ya canja sosai a cikin shekaru arba'in da suka wuce shi ne faɗin ƙasar da aka bari a buɗe don ta sha ruwan.

Ina ruwan da ya malala daga birnin Kano yake zuwa?

Hanya biyu yake bi. Ruwan tsohon birni da unguwannin arewa yana taruwa a rafin Jakara, wanda yake haɗuwa da rafin Getsi mai ɗauko ruwan yankin masana'antu na Bompai, su nufi arewa maso gabas har madatsar ruwa ta Wasai a ƙaramar hukumar Minjibir. A gefen wannan hanya, irin su Kwakwaci, manoman rani suna ban ruwa da shi, suna noma latas da alayyafo da karas da kabeji, a kawo su kasuwannin birni. Wato abin da mutum ya zuba a kwata a ƙofar gidansa yana iya dawo masa a cikin kwanon salak.

Ruwan kudancin birni kuwa, tare da na yankunan masana'antu na Sharaɗa da Challawa, yana gangarawa kogin Challawa. Wannan kogi yana haɗuwa da kogin Kano, wanda ya taso ta madatsar Tiga, su zama kogin Haɗejiya. A wannan yanki ne matatun ruwa na Challawa da Tamburawa suke, inda ake jan ruwan da ake turowa famfunan birni. Daga nan kogin ya wuce ta Wudil ya shiga Jigawa, ya bazu a dausayin Haɗejiya da Nguru, ragowarsa ta bi Komadugu Yobe zuwa Tafkin Chadi. Masunta da makiyaya da manoman shinkafa da ba su taɓa taka Sharaɗa ba suna da rabo a cikin abin da aka zubar a can.

Wace rawa kududdufai suke takawa?

Wannan tambaya ta cancanci a tsaya a kanta, domin a nan ne Kano ta yi babbar asara ba tare da an ankara ba. Kududdufan birni ramuka ne da aka haƙa tun zamanin da, aka ɗebi ƙasa aka gina gidaje da ganuwa. Da damina ta zo sai su zama ma'ajiyar ruwa: malalar unguwa ta zuba a cikinsu ta tsaya, laka ta kwanta a ƙasa, ruwan kuma ya riƙa tsatsafowa a hankali yana ciyar da rijiyoyin da ke kewaye har tsakiyar rani. Abin da injiniyoyi a manyan biranen duniya suke kashe kuɗi masu yawa suna haƙawa a yau da sunan tafkin tare ruwa, shi ne kakanninmu suka bar mana a kyauta.

Da ƙasa ta yi tsada, sai aka shiga cike su da shara da ɓaraguzai, a yanka filaye, a gina shaguna da gidaje. Ruwan da yake zuwa wurin bai daina zuwa ba. Ya tarar da gini, sai ya nemi ɗakin wanda ya fi kowa zama a kwari. Sharar da aka binne a ramin kuma tana ci gaba da ruɓewa tana tsiyayar da gubarta cikin ruwan ƙasa.

Ba za a ɓoye cewa kududdufin da aka bari babu kulawa yana da nasa sharrin ba. Yara suna nutsewa a ciki, akwai tsargiya ga masu wanka, akwai sauro da wari. Amma maganin waɗannan shi ne a kewaye shi, a hana zuba shara da ruwan masai, a yashe shi lokaci zuwa lokaci, a dasa itatuwa a bakinsa. A ganin mai wannan rubutu, duk kududdufin da ya rage a birni ya kamata a ɗauke shi a matsayin kayan gwamnati mai daraja ɗaya da gada ko asibiti, wanda babu mai ikon sayar da shi.

Shin gina manyan magudanai na siminti ba zai magance matsalar ba?

Magudanai wajibi ne, kuma birni mai miliyoyin mutane ba zai zauna babu su ba. Sai dai ya kamata a fahimci aikinsu: suna ɗauke ruwa da sauri daga wani wuri su kai shi wani. Ba sa rage yawansa, ba sa kuma tace shi. Rafin da yake da yashi da ciyayi a gefensa yana rage gudun ruwa, yana shanye wani ɓangare, yana riƙe laka. Idan aka shafe shi da siminti, ruwan yana isa ga na ƙasa da sauri da ƙarfi fiye da da, da dukkan dattinsa. Idan kuma aka rufe samansa, kamar yadda aka yi wa wani sashe na Jakara aka shimfiɗa titi a kai, an samu hanya an kuma rage wari, amma yashewa ta ƙara wuya, kuma abin da ido ba ya gani ba a cika tunawa da shi ba.

Biranen da suka riga mu gina magudanai sun gano haka da kansu. Birnin Filadelfiya na Amurka ya fara wani shiri na shekara 25 a 2011 don rage ruwan da ke shiga bututunsa ta hanyar lambuna da itatuwa da daɓen da ruwa ke ratsawa. Ƙasar Sin ta ƙaddamar da gwajin abin da ta kira birane masu shan ruwa kamar soso a 2015. Manufar duka ɗaya ce: a riƙe ruwa a inda ya sauka, a rage masa gudu, a ba ƙasa dama ta sha, sannan magudana ta ɗauki abin da ya rage.

Ta yaya malala take shafar rijiya da burtsatse, alhali ruwansu daga ƙarƙashin ƙasa yake?

Hanya mafi sauƙi ita ce ta baki. Rijiyar da bakinta yake daidai da ƙasa, ko wadda daɓen kewayenta ya tsage, ruwan tsakar gida yana zuba a cikinta kai tsaye. Shi ya sa ruwan rijiyoyi da yawa yake yin gurɓi washegarin ruwan sama. Hanya ta biyu ita ce ta ƙarƙashi: a tsakiyar damina ruwan ƙasa yana tasowa, idan ya kai ga gindin ramin masai sai su gauraya. Ƙa'idar da masu aikin tsafta suka saba bi ita ce a bar aƙalla mita 30 tsakanin masai da rijiya, kuma gindin ramin ya kasance aƙalla mita ɗaya da rabi sama da ruwan ƙasa. A cikin lungunan birni, inda masai na maƙwabci yake jingine da katangar da rijiyarka take, wannan tazara ba ta samuwa, don haka tace ruwa da dafa shi ya zama dole.

Burtsatse ya fi aminci idan an yi shi da kyau, amma idan mai haƙawa bai toshe kewayen bututun da siminti daga sama ba, ruwan titi zai bi jikin bututun ya gangara.

Waɗanne cututtuka ne suke biyo baya?

Kwalara ce a gaba, sai taifod, da atuni, da gudawar yara, da ciwon hanta mai sa shawara wanda ake ɗauka ta ruwa. A 2021 Najeriya ta samu fiye da mutum 100,000 da ake zargin sun kamu da kwalara, fiye da 3,000 suka rasu, kuma jihohin Bauchi da Jigawa da Kano suna cikin waɗanda abin ya fi shafa, a daidai watannin damina. A Maiduguri, bayan ɓallewar madatsar Alau a watan Satumba na 2024, ruwa ya mamaye masai da rijiyoyi da maƙabartu, kuma cikin 'yan makonni gwamnatin Borno ta sanar da ɓarkewar kwalara. Musabbabin wancan ruwan daban ne, amma hanyar da cutar ta bi ita ce wadda take bi a kowace unguwa da ruwa ya haɗa masai da randa.

Gubar ƙarafa ba ta nuna kanta da wuri kamar kwalara. Tana taruwa a jiki a hankali ta ruwa da ganye da kifi, tana taɓa ƙoda da ƙwaƙwalwar yara, kuma dafa ruwa ba ya kawar da ita.

Me mai gida zai iya yi a cikin gidansa?

Abu na farko shi ne ya daina ɗaukar daɓe kowane taku na tsakar gida a matsayin alamar wayewa. A daɓe hanyar tafiya da wurin wanki da wurin ajiye mota, a bar saura da yashi ko tsakuwa ko shuka. Mai son intalok ya sa a shimfiɗa shi a kan yashi da tsakuwa, a cike tsakaninsa da yashi mai tsabta. Idan aka zuba siminti a ƙarƙashinsa ko aka toshe gaɓoɓinsa, ya zama daɓe kawai mai tsada.

Na biyu shi ne tara ruwan rufi. Rufin nan mai murabba'in mita 100 yana karɓar kimanin lita 80,000 a shekarar da aka yi ruwa milimita 800. Ko da kashi ɗaya cikin biyar ya zube, saura lita 64,000, wato fiye da jarka 2,500, a garin da ake sayen ruwa a kura kowace safiya. Babu tankin da zai ɗauke wannan duka, amma tanki mai lita 1,000 ko 2,000 da ake amfani da ruwansa tsakanin wannan ruwa da na gaba yana rage abin da ke fita titi a daidai lokacin da magudana take cike.

Na uku shi ne ramin shanye ruwa ko ɗan lambu mai kwari, inda za a karkatar da abin da ya tumbatsa daga tanki. Kafin a haƙa, a gwada ƙasar: a tona rami mai zurfin kamu ɗaya, a cika shi da ruwa, a duba. Idan ya shanye cikin yini guda, ƙasar ta dace. Idan ya kwana biyu yana tsaye, ƙasar yumɓu ce, sai a dogara da tanki da itatuwa. A nisanta ramin daga harsashin gini da mita 3 zuwa 5, a ƙara nisa idan ginin ƙasa ne, domin danshi shi ne ajalin katangar ƙasa. Kada a yi shi kusa da masai, kada kuma a haɗa shi da ruwan banɗaki.

Sai itace. Darbejiya ko mangwaro ko zogale a tsakar gida ko ƙofar gida suna tare ruwa da ganyensu, saiwoyinsu kuma suna buɗe ƙasa. Garken dabbobi a yi masa rumfa da ɗan tudu a kewaye, a riƙa kwashe taki kafin hadari, wanda dama manoma suna sayensa.

Tara ruwa a gida ba zai jawo sauro ba?

Sauro yana bukatar kimanin mako guda a cikin ruwa kafin ya tashi daga ƙwai ya zama mai fiffike. Ramin da yake shanyewa cikin kwana ɗaya ko biyu ba zai ba shi wannan lokaci ba. Tanki kuwa a rufe shi, a sa raga a bakin bututun da ruwa ke shiga. Inda sauro yake samun sakewa shi ne kwatar da shara ta toshe, da tsofaffin tayoyi, da ƙananan tabkunan da ke kwana a kan titin da ba shi da mafita.

Ana iya shan ruwan da aka tara daga rufin kwano?

Ana iya sha idan an kiyaye. A bar ruwan farkon damina ya wanke rufin gaba ɗaya, sannan a kowane ruwa a zubar da na mintunan farko, domin akwai ƙura da kashin tsuntsaye da na ƙadangaru. A wanke tanki kafin damina. Ruwan da za a sha a tafasa shi ko a sa masa sinadarin kulorin bisa ma'aunin da aka rubuta a jikin kwalbar. Idan ruwan yana da gurɓi, a fara sa alif ya kwanta a tace, domin kulorin ba ya aiki sosai a ruwa mai laka. Rufin da aka shafa wa tsohon fenti ko kwalta, ruwansa ya tsaya ga wanki da ban ruwa.

Me ya sa ake yawan ɗora wa leda laifi?

Domin ba ta ruɓewa, kuma ita ce take zama ƙashin bayan toshewa: ta maƙale a bakin kwalbati, yashi da shara su taru a bayanta, cikin ɗan lokaci hanya ta rufe. Ledar fiya wata da robar lemo sun fi yawa a duk kwatar da aka yashe. Bangaladash ta haramta siririyar leda a 2002 bayan ta ga yadda ta toshe magudanai a manyan ambaliyoyinta, Ruwanda ta bi a 2008, Kenya a 2017. A Akara, babban birnin Gana, ruwan da aka yi ranar 3 ga Yuni 2015 ya haɗu da toshewar magudanai da gobarar gidan mai, mutum kusan 150 suka rasu. A nan gida, 'yan kasuwar Kantin Kwari ba su manta da ruwan watan Agusta na 2022 da ya shiga shaguna ya lalata atamfofi da yadudduka ba. Haramci kaɗai ba ya isa idan babu inda mutum zai kai shararsa. Unguwar da motar kwashe shara ba ta shiga, kwata ce za ta ci gaba da zama bolarta.

Ina matsayin masu sana'a da masana'antu?

Makanike ya tara baƙin mai a durom, akwai masu saye. Mai wankin mota ya haƙa ramin da zai tare yashi da mai kafin ruwan ya fita. Mahauta su raba jini da tumbi daga ruwan wanki, tunda duka biyun suna da amfani a matsayin taki. Waɗannan gyare-gyare ne masu araha. Na kamfanonin jima ya fi nauyi, domin jimar zamani tana amfani da sinadarin kuromiyam da gishiri mai yawa, kuma doka ta wajabta musu tace ruwansu kafin su sake shi. Hukumar NESREA mai kula da dokokin kare muhalli, wadda aka kafa a 2007, ita ce ke da alhakin tabbatar da bin wannan doka a matakin tarayya. Damina tana ba mai son zamba dama, domin ruwan da aka saki a tsakiyar mamakon ruwan sama yana ɓacewa cikin malala, ba a gane daga inda ya fito.

Wannan magana ta birni ce kawai, ko ta shafi manoma?

Ta shafe su ƙwarai, kuma su ne suka fi kowa ƙwarewa a kanta. Ruwan da ya gudu daga gona yana tafiya da ƙasar sama mai albarka da takin da aka saya da tsada, ya kai su kogi, inda suke ciyar da gansakuka da kainuwa, lakar kuma ta ba kachala wurin kafuwa, ciyawar da ta toshe hanyoyin ruwa a dausayin Haɗejiya da Nguru. Manoman jihar Tawa a Nijar sun daɗe suna farfaɗo da fako ta hanyar tassa, wato ƙananan ramukan da ake haƙawa a zuba taki don su tare ruwa, da kunyoyi masu siffar jinjirin wata, da jera duwatsu a gicciye da gangare. A yankin Maraɗi kuma, barin kututturen gawo da sauran itatuwa su sake tofowa a gona tun daga shekarun 1980 ya mayar da itatuwa masu ɗimbin yawa. Yin kunya a gicciye da gangare, da barin zirin gamba ko jema a bakin rafi, da guje wa zuba taki ko feshi idan hadari ya haɗu, duk suna amfanar manomin kafin su amfani na ƙasa da shi.

Alhakin wa ne, gwamnati ko jama'a?

Kowa da nasa kason, kuma ba daidai suke ba. Hana gini a kan hanyar ruwa da kududdufai aikin hukumar tsara birni ne, wato KNUPDA a Kano. Kwashe shara na hukumar tsaftar gari ne, wato REMASAB. Hasashen damina na hukumar kula da yanayi ta ƙasa ne, wato NiMet, hukumar NIHSA mai lura da ruwan koguna kuma tana fitar da hasashen ambaliya kowace shekara. Akwai shirin ACReSAL na Bankin Duniya da ya shafi jihohin Arewa 19 da Abuja, wanda yake aiki a kan zaizayar ƙasa da kula da ruwa. Babu aikin gayyar da zai maye gurbin waɗannan. Abin da unguwa take iya yi shi ne yashe kwata kafin ruwan farko, a watan Afrilu ko Mayu, tare da shirya motar da za ta kwashe abin da aka fitar a ranar. Kuskuren da ake maimaitawa a ranar tsaftar muhalli ta ƙarshen wata shi ne a tara dattin a bakin kwata a tafi, ruwa na gaba ya mayar da shi inda aka ciro shi.

Limamai da malamai ma suna da abin faɗa, tunda ya zo a hadisi cewa a guji yin bahaya a mashayar ruwa da tsakiyar hanya da inuwar da mutane ke hutawa.

Ni ɗan haya ne, kuma maƙwabcina ya ɗaga ƙofar gidansa ya juyo mana da ruwa. Me zan yi?

Ɗan haya ba zai fasa daɓe ko ya haƙa rami ba sai da izinin mai gida, amma yana iya ajiye durom mai murfi a ƙarƙashin indararo, ya rufe bakin rijiya, ya ɗaga mata baki da bulo biyu ko uku idan an yarda masa, ya kuma hana a zuba shara a kwata daga ɗakinsa. Batun maƙwabci kuwa, a fara da magana ta fahimta tun kafin damina ta kankama, domin sau da yawa shi ma wani ne ya turo masa ruwan daga sama. Idan ba a daidaita ba, a kai wa mai unguwa, ya tara duk gidajen da ke kan layin a bi hanyar ruwan da ƙafa daga inda ya taso zuwa inda yake fita, a ga wurin da ya toshe. Idan gini ne aka yi a kan magudana, mai unguwa ya rubuta wa hukumar tsara birni ta hannun dagaci ko hakimi, a haɗa da hotunan da aka ɗauka lokacin da ruwan yake tsaye, da sa hannun magidantan da abin ya shafa.